Ida B. Wells: 'Yar Jarida Ce Ko 'Yar Gwagwarmaya?

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce a sashen koyon aikin jarida. A darasin binciken ƙwaƙwaf an ambaci wata Ba'amurkiya mai suna Ida B. Wells, aka ce tana cikin waɗanda suka share fagen wannan aiki. Sai wani ɗan ajinmu ya ce ai ita 'yar gwagwarmaya ce kawai, tunda ta ɗauki ɓangare, shi kuwa ɗan jarida ba ya ɗaukar ɓangare. Wace ce ita, me ta rubuta, kuma yaya maganar ɗan ajin namu take?

Amsa: 'Yata, na ji daɗin tambayar nan. Na daɗe ina karantar da rubuce-rubucen matar nan, kuma da wuya shekara ta wuce ban ji wani ya faɗi abin da ɗan ajinku ya faɗa ba. Ɓangare kam ta ɗauka, ba ta taɓa ɓoyewa ba. Amma kafin ku yanke mata hukunci, ku fara sanin yadda aka yi ta ɗauke shi, domin a can amsar take.

An haife ta ranar 16 ga Yuli, 1862, a garin Holly Springs na jihar Misisipi, cikin bauta. Mahaifinta James Wells kafinta ne, mahaifiyarta Elizabeth kuma kuku ce, dukansu mallakar wasu. Tana jaririya aka yi shelar 'yanta bayi, tana gab da cika shekara uku yaƙin basasar Amurka ya ƙare. Saboda haka ta tashi ne a ɗan taƙin nan da Baƙaƙen fatar kudancin Amurka suka sami sa'ida, suna kaɗa ƙuri'a, suna buɗe makarantu, suna ganin kamar gari ya waye. Mahaifinta mutum ne mai son siyasa da karatu, tun tana yarinya takan karanta masa jarida shi da abokansa. A 1878 annobar zazzaɓin shawara ta faɗa wa garin, ta ɗauke uwa da uba da ƙaramin ƙanenta. Abokan mahaifinta suka zauna za su rarraba marayun gida-gida, ita kuwa, 'yar shekara 16, ta ce ba a isa ba. Ta ƙara wa rigarta tsawo, ta gyara gashi irin na manyan mata, ta ci jarrabawar malanta, ta kama koyarwa a makarantar ƙauye tana ciyar da ƙannenta. Wanda ya riƙe wannan hoton a ransa ba zai yi mamakin duk abin da ta yi daga baya ba.

Daga nan ta koma birnin Memfis na jihar Tennessee. Wata rana ta sayi tikitin babban tarago a jirgin ƙasa, ta zauna a taragon mata. Kwandasta ya zo ya ce ta tashi ta koma taragon gaba, inda ake shan taba, inda ake cusa Baƙar fata. Ta ce ba inda za ta. Ya kama hannunta zai fizge ta, ta gantsara masa cizo a bayan hannu, ta tokare ƙafafunta da kujerar gabanta. Sai da ya kira wasu maza suka taru suka jawo ta, fasinjoji farar fata suna tafi. Ta kai kamfanin jirgin ƙara, a ƙarshen 1884 kotu ta ba ta gaskiya, ta ce a biya ta dala 500. A 1887 kotun ƙolin jihar ta soke hukuncin, har ta ɗora mata kuɗin shari'a. A kundin da take rubuta sirrinta ta yi wa Allah kuka a ranar, tana tambaya ko babu adalci gare su a wannan ƙasa. Labarin wannan shari'a da ta rubuta wa wata jaridar coci yana cikin abubuwan da suka shigar da ita aikin jarida. Ta riƙa rubutu da sunan alƙalami Iola, sannan a 1889 ta sayi kaso a wata jaridar Baƙar fata mai suna Free Speech, ta zama editarta. A 1891 ta rubuta sharhi a kan lalacewar makarantun 'ya'yan Baƙar fata, hukumar ilimi ta ƙi sabunta mata aikin koyarwa. Sai ta rungumi jaridar gaba ɗaya, tana bin garuruwa tana neman masu saye. Akwai wata dabara tata da nake so: da ta gano cewa masu sayar da jarida a jirgi suna damfarar waɗanda ba su iya karatu ba, suna miƙa musu wata jaridar daban, sai ta koma buga tata a takarda mai launin hoda, don ko wanda zai kai gida a karanta masa ya gane ta da ido.

Yanzu mu zo ga abin da ya juya rayuwarta, kuma a nan zan ɗan daɗe.

Akwai abin da Amurkawa ke kira lynching, ni kuwa nakan ce kisan taron dangi: jama'a su kama mutum bisa zargi, ko su fito da shi daga hannun hukuma, su rataye shi ko su harbe shi ko su ƙona shi, ba alƙali ba shaida. A kudancin Amurka na wancan zamani wannan abu ya zama ruwan dare, kuma yawancin waɗanda ake kashewa Baƙar fata ne. Hujjar da ake bayarwa guda ce a bakin kowa, daga gwamna har limamin coci har editan jarida: wai mazan Baƙar fata ne ke yi wa matan farar fata fyaɗe, maza kuma jini ya hau musu, suka kasa jiran kotu. Abin da ya kamata ɗan ajinku ya sani shi ne, Ida Wells da kanta ta taɓa yarda da wannan bayani. Ta rubuta haka ƙarara a tarihin rayuwarta: ita ma, kamar sauran masu karanta jarida, ta ɗauka cewa kisan ya saɓa wa doka, amma fushin mugun laifi ne ke jawo shi, kuma wataƙila wanda aka kashe ya cancanci mutuwa. Da wannan tunanin ta shiga shekarar 1892.

A wata unguwa a bakin Memfis akwai kantin kayan masarufi mai suna People's Grocery, na wasu Baƙar fata da suka haɗa jari. Shugabansu Thomas Moss, mai raba wasiƙu ne na gidan waya, malamin makarantar Lahadi, amini ga Ida har ita ce uwar baftismar 'yarsa. Da shi da Calvin McDowell da Will Stewart suke tafiyar da kantin. A tsallaken titi akwai kantin wani farar fata, William Barrett, wanda a da shi kaɗai ke cin kasuwar unguwar. Rigima ta tashi daga wasan yara, ta kai ga manya. Aka yi ta yaɗa cewa za a far wa kantin, masu shi suka sa gadi. Cikin dare wasu farar fata ɗauke da makamai, ba kayan sarki a jikinsu, suka shigo ta baya, masu gadi suka buɗe wuta, aka raunata uku. Gari ya waye aka ce ai jami'an tsaro ne. Aka kama Baƙar fata da dama. Ba wanda ya mutu cikin waɗanda aka harba. Duk da haka, kafin asubar 9 ga Maris, wasu mutane da suka rufe fuskokinsu suka shiga kurkuku, suka fito da Moss da McDowell da Stewart, suka kai su wani fili kusa da layin dogo suka harbe. Jaridar garin ta ba da labarin dalla-dalla kamar wakilinta na tsaye a wurin, har da kalmomin ƙarshe na Moss: "Ku gaya wa mutanena su tafi yamma, babu adalci gare su a nan." Matarsa na ɗauke da juna biyu. Aka wawashe kantin, kuma ba a taɓa hukunta kowa ba.

Ba mace ko ɗaya a cikin wannan labari. Ba wanda ya ambaci fyaɗe. Mutane uku ne masu sana'a, masu iyali, waɗanda laifinsu na asali shi ne sun ja wa wani ciniki. A nan ne tambayar ta faɗo mata: idan an yi wannan ba tare da waccan hujjar ba, su sauran da na karanta labarinsu fa? Daga wannan tambayar aikinta ya faro. Mutum zai iya yin fushi ya tsaya a fushi, ita kuwa ta ɗauki takarda ta koma baya tana bin kashe-kashen ɗaya bayan ɗaya. Ta tattara rahotannin jaridun farar fata, ta je wasu wuraren da ƙafarta, ta zauna da dangin mamata da maƙwabta. A wani gari na Misisipi, inda aka watsa wa duniya cewa ƙaramar yarinya aka lalata, ta je ta iske budurwa ce baliga, wadda aka same ta a ɗakin mutumin. Gani ya kori ji.

Kafin nan ta riga ta yi amfani da jaridarta wajen kiran mutane su bar garin da ba ya kare ransu ko dukiyarsu. Dubbai suka kwashe kayansu, har da majami'u sukutum, yawanci zuwa Oklahoma. Da jaridun farar fata suka fara baza jita-jitar cewa yunwa da wahala ce ke jiran masu ƙaura a can, sai ta tafi da kanta ta yi makonni ta dawo da rahoton abin da ta gani. Waɗanda suka rage suka ƙaurace wa taragon lantarki na cikin gari, har shugabannin kamfanin suka zo ofishinta suna tambaya ko tsoron lantarki Baƙar fata ke yi. Ta kuma sayi ƙaramar bindiga, ta ce gara mutum ya mutu yana faɗa da zalunci da ya mutu kamar kare ko ɓera a tarko.

Ranar 21 ga Mayu, 1892, ta buga ɗan gajeren sharhin da ya raba ta da kudu. Ta ce ba wanda ya yarda da tsohuwar ƙaryar nan da ta sha jiki, cewa mazan Baƙar fata na yi wa matan farar fata fyaɗe, kuma idan mazan kudu ba su yi hankali ba, za su zaƙe har jama'a su kai ga wani zato da zai ɓata sunan matansu. Kowa ya gane inda ta dosa: wasu daga cikin abin da ake kira fyaɗe soyayya ce ta son rai, wadda in asiri ya tonu sai a sake mata suna. Jaridun Memfis, da suka ɗauka namiji ne ya rubuta, suka yi kira a fili a kama shi a azabtar da shi. Allah Ya sa ta yi tafiya arewa. Aka farfasa ofishin jaridar, abokin aikinta ya tsere da ƙyar, aka aika mata cewa ana gadin tashar jirgi, ranar da ta dawo ranar za ta mutu. Sai da ta yi kusan shekara talatin kafin ta sake taka kudu.

A Niyok ta kama aiki da jaridar New York Age ta T. Thomas Fortune, ta rubuta dogon bayani. A watan Oktoba matan Baƙar fata na Niyok da Brooklyn suka shirya mata taron girmamawa, suka tara dala 500, da wannan kuɗin aka buga ɗan littafinta na farko, Southern Horrors. Dattijon gwagwarmaya Frederick Douglass ya rubuta mata wasiƙar da aka sa a gaba, yana kiranta jaruma. Abin da ya sa littafin ya yi nauyi shi ne inda ta ɗebo hujjarta. Jaridar Chicago Tribune, ta farar fata, tana buga jimillar kashe-kashen taron dangi duk farkon shekara. Ida ta ɗauki nasu lissafin ta nuna cewa cikin Baƙar fata 728 da aka kashe a shekara takwas, kashi ɗaya cikin uku ne kawai aka ma zarga da fyaɗe, balle a zo ga maganar ko zargin gaskiya ne. To sauran kashi biyun fa? Ta kawo labarin matar wani limamin coci a jihar Ohio da ta zargi wani Baƙar fata, aka ɗaure shi shekara 15, daga baya ta amsa wa mijinta cewa ita ta jawo shi, tsoron tonon asiri ya sa ta yi masa sharri. Ta kuma juyo da maganar ta ɗaya fuskar, wadda ba wanda ke son a taɓa: mata da 'yan matan Baƙar fata da mazan farar fata ke lalatawa tun zamanin bauta, ba taron da ke fusata, ba igiyar da ke fitowa. In har kishin mutuncin mace ne, me ya sa yake da launi?

A 1895 ta fitar da The Red Record, wanda a ganina shi ne babban aikinta. A farkonsa ta jera hujjoji uku da aka yi ta fakewa da su tun bayan 'yanta bayi. Da farko an ce ana kashe Baƙar fata ne don murƙushe tawaye, tawayen da ba a taɓa gani ya auku ba. Sannan aka ce don kada su mamaye mulki ta hanyar ƙuri'a. Da aka ƙwace ƙuri'ar, wannan hujja ta mutu, sai aka ƙirƙiro ta fyaɗe, wadda ta fi sauran amfani domin tana rufe bakin duk mai son kare wanda aka kashe. Fakewa da guzuma ake yi a harbi karsana. Daga nan sai lissafi: a 1892 kaɗai an kashe mutum 241 ta wannan hanya, 160 daga cikinsu Baƙar fata. Sai shafi bayan shafi na suna, rana, gari, da laifin da aka ce an yi. Ki karanta jerin laifuffukan nan a hankali. Akwai wanda aka kashe don zargin sata, akwai don zagin farar fata, akwai don rubuta wa Baturiya wasiƙa, akwai don tsafi, akwai don kawo cutar agana, akwai waɗanda aka rubuta a gaban sunansu cewa ba a san laifin ba, akwai ma waɗanda aka rubuta babu laifi. Ta faɗa tun a farko cewa wannan lissafi ba Baƙar fata suka tara shi ba, farar fata ne, kuma daga bakinsu za a kama masu kisan.

Ba ta ce duk wanda aka kashe waliyyi ne ba, wannan ma ya kamata a lura. A littafin akwai labarin Henry Smith, wanda aka zarga da kashe wata yarinya a garin Paris na jihar Texas a 1893. An tara mutum wajen dubu goma, har da jiragen ƙasa na musamman don 'yan kallo, aka ɗora shi a kan dandamali, aka yi ta nana masa jan ƙarfe, sannan aka ƙona shi da ransa, mutane suna tonon toka suna neman abin ajiyewa na tunawa. Abin da take cewa shi ne, alƙalai farar fata ne, masu taya alƙali yanke hukunci farar fata ne, 'yan sanda da gandurobobi duk nasu ne, babu ta yadda Baƙar fata mai laifi zai kuɓuce wa kotu. To me ake tsoro a shari'a, in ba abin da za a ji a bakin shaidu ba?

A nan zan tsaya in gaya miki wani abu nawa. Ina sabon shiga aiki na taɓa rubuta labarin wani saurayi da aka kashe a kasuwa. Na rubuta cewa fusatattun jama'a sun hallaka wani ɓarawon babur. Haka na ji a bakin mutanen wurin, haka na rubuta, ko kalmar zargi ban sa ba, sunansa ma ban nema ba. Bayan kwana biyu yayansa ya zo ofis. Bai ɗaga murya ba. Ya zauna, ya ajiye jaridar a kan teburina, ya sa yatsa a kan kalmar, ya ce, "Ƙanena yana da suna. Wa ya gaya maka ɓarawo ne?" Na rasa amsa, domin waɗanda suka gaya mini su ne waɗanda suka kashe shi. Shekaru bayan haka da na karanta The Red Record na gane irin aikin da na yi a ranar: aikin jaridun da Ida Wells ta yi ta fama da su. Ban ce namu da nasu ɗaya ba ne. Na kudancin Amurka tsari ne na danne jinsi guda, da goyon bayan masu mulki. Amma ihun "ɓarawo!" a kasuwanninmu, da tayar mota da fetur, da abin da aka yi wa mafarautan nan 16 'yan arewa a Uromi ta jihar Edo a watan Maris na 2025, duk suna tafiya ne a kan abu guda, wato zargin da aka karɓa ba a bincika ba. Mai alƙalami yana iya zama wanda ya sa wa wannan zargi hatimi.

Da ta ga jaridun farar fata na arewacin Amurka sun yi kunnen uwar shegu, sai ta bi ta bayan gida. A 1893 da 1894 ta je Birtaniya tana lacca gari-gari, domin ta san masu sayen audugar kudu a can suke, kuma Amurka na jin kunyar Ingila. Aka kafa kwamitin yaƙi da wannan kisa a Landan, da manyan mutane a ciki. A can ne ta yi karo da Frances Willard, shugabar babbar ƙungiyar mata masu yaƙi da shan giya, wadda Ingila ke ɗauka a matsayin ƙawar Baƙar fata. Ida ta zaƙulo wata tsohuwar hira da Willard ta yi, inda ta ce Baƙar fata na hayayyafa kamar farin Masar, ta sa aka sake bugawa. Dabararta ke nan kullum, ta ɗauko maganarka ta ajiye maka a gabanka. Jaridar New York Times ta zage ta a 1894, ta kira ta mai ƙazafi mai ƙazamin tunani. Ita wannan jaridar ce a 2018 ta buga mata ta'aziyyar da ba ta buga ba lokacin rasuwarta.

Ta zauna a Shikago, ta auri lauya kuma ɗan jarida Ferdinand Barnett a 1895, ta haɗa sunanta da nasa ta zama Wells-Barnett, suka haifi 'ya'ya huɗu. Har da jariri a hannu ta yi yawon lacca. Ta ci gaba da rubutu, akwai Lynch Law in Georgia na 1899, da Mob Rule in New Orleans na 1900. A 1909 aka yi kisan taron dangi a garin Cairo na jihar Illinois. Dokar jihar ta ce duk shugaban 'yan sandan gundumar da aka ƙwace fursuna a hannunsa aka kashe, to a sauke shi, amma ana ta ƙulle-ƙullen mayar da mutumin kan kujerarsa. Ta so ta ƙi zuwa, sai ɗanta na fari ya ce mata, "Mama, in ba ki je ba, ba mai zuwa." Ta je, ta tattara shaida, ta tsaya gaban gwamna tana fuskantar lauyoyi da manyan gari, gwamna ya ƙi mayar da shi. A 1913 ta kafa ƙungiyar matan Baƙar fata masu neman 'yancin ƙuri'a a Shikago. Da aka shirya babban macin mata a Washinton a watan Maris na shekarar, aka ce Baƙar fata su koma sahun baya don kada ran matan kudu ya ɓaci. Ta ɓace cikin 'yan kallo, da tawagar jiharta ta zo wucewa sai ta fito ta shiga tsakiyarsu. Bayan kisan kiyashin Elaine a jihar Arkansas a 1919, inda aka kashe manoma Baƙar fata da yawa sannan aka yanke wa 12 daga cikin waɗanda suka tsira hukuncin kisa, ta saje da matansu da iyayensu ta shiga kurkuku ta ɗauki bayaninsu. Ta same su suna waƙoƙin mutuwa, ta ce su daina, su roƙi Allahn da suka ce mai iko ne Ya buɗe musu ƙofa. Bayan doguwar shari'ar da lauyoyi suka kai har kotun ƙoli, dukansu sun fita.

Ba zan ɓoye miki ba, mace ce mai wuyar sha'ani. Ta yi rigima da Booker T. Washington, fitaccen jagoran Baƙar fata na lokacin, saboda yadda yake lallaɓa farar fata, ta yi da shugabannin ƙungiyoyin mata, kuma ko da yake tana cikin waɗanda suka kafa NAACP, ƙungiyar kare haƙƙin Baƙar fata, a 1909, an fara cire sunanta daga jerin kwamitin farko, daga baya ta ja jiki. Wani ɓangare na wannan halinta ne, ba ta iya haɗiye magana. Amma babban ɓangare, a ganina, shi ne mutanen zamanin ba su shirya ganin mace Baƙar fata a gaba ba, ga ta kuma ba ta neman izini. Ta tsufa tana kallon wasu suna gudanar da yaƙin da ta fara ba tare da ambaton sunanta ba. A 1930 ta tsaya takarar majalisar dattawan jiha ta faɗi. Ta rasu ranar 25 ga Maris, 1931, da ciwon ƙoda, tana da shekara 68. Dokar tarayya ta hana kisan taron dangi da ta nema tun 1898, lokacin da ta je gaban shugaban ƙasa McKinley a kan kisan wani shugaban gidan waya Baƙar fata, an gabatar da ƙudurori kusan 200 a kanta suna faɗuwa, sai a watan Maris na 2022 aka sa mata hannu. A 2020 aka ba ta lambar yabo ta Pulitzer, babbar lambar aikin jarida a Amurka.

To, maganar ɗan ajinku. Ki tambaye shi: a 1892, wane ne ɗan jaridar da bai ɗauki ɓangare ba? Wanda ya karɓi saƙon waya daga garin da aka yi kisa, ya buga "an rataye wani mugu da ya yi fyaɗe", yana ganin shi rahoto kawai ya kawo? Ai shi ma ya ɗauka, ya ɗauki na masu igiya, sai dai bai sani ba, kamar yadda ni ban sani ba a ranar da na rubuta labarin kasuwa. Abin da nake auna ɗan jarida da shi shi ne ko ya yarda hujja ta sauya masa ra'ayi, ko ya je wurin, ko ya faɗi inda ya samo magana, ko ya kawo abin da bai yi wa ɓangarensa daɗi ba. Ida Wells ta cika duka huɗun, kuma ra'ayin da hujja ta fara rushewa nata ne. Inda ɗan ajinku yake da ɗan abin kamawa shi ne, ta wuce rahoto ta shiga kiran ƙaura da ƙaurace wa kamfani, har ta rubuta cewa bindigar Winchester ta cancanci wurin girma a gidan kowane Baƙar fata, tunda doka ta ƙi ba su kariya. Wannan gwagwarmaya ce tsantsa, kuma editan yau zai raba ta da shafin labarai. Ita ba ta da wannan sararin, jaridar tata ce, mutanen da ake kashewa nata ne.

Ki fara da Southern Horrors, gajere ne, za ki gama shi a zama ɗaya, kuma da shi da The Red Record duk suna nan kyauta a intanet. Ki riƙe biro, duk inda ta ambaci sunan jaridar da ta ɗauko labari da ranar da aka buga shi ki sa alama, ki ƙirga, ki kai wa ɗan ajinku. Bayan su sai tarihin rayuwarta, Crusade for Justice. Ta fara rubuta shi a 1928, bayan wata budurwa ta tare ta ta ce ta ji ana yabonta amma ba ta san abin da ta yi ba. Ba ta gama ba, rubutun ya tsaya a tsakiyar jimla. Autarta Alfreda Duster ce ta adana takardun, ta yi ta neman mai bugawa har aka buga shi a 1970.